Tarihin Tara Kundin Waƙoƙin Soyayya: Daga Garmaho zuwa FLAC

Kundin zaɓaɓɓun waƙoƙi faifai ne da ake tattara waƙoƙin mawaƙa daban-daban a cikinsa bisa jigo guda, kuma soyayya na cikin jigogin da suka fi ciniki a Turai da Amurka. Tun farkon sana'ar, masu haɗa kundin suna fama da matsala ɗaya: in waƙoƙi suka yi yawa, sauti ya raunana.

A 1948 kamfanin Columbia ya fito da faifan garmaho mai dogon zango, kowace fuska tana ɗaukar kusan minti 22. Kamfanin K-tel na Kanada, wanda ya fara fitar da kundi a 1966 yana tallatawa a talabijin, yakan cusa waƙa ashirin ko fiye a faifai guda. Don su shige, sai a datse waƙoƙin, a matse layukan da allura ke bi, amo ya ragu.

Faifan CD, wanda Sony da Philips suka kawo kasuwa a 1982, ya sauya lamarin. Yana ɗaukar minti 74, yana auna sauti sau 44,100 a kowace daƙiƙa, kuma yawan juyawa ba ya cinye shi. Wannan ya dace da waƙoƙi masu taushi, domin a inda murya ta yi ƙasa ne ƙarar allura da sheshshekar kaset suka fi fitowa. A 1987 kamfanin CBS ya fara jerin kundin waƙoƙin soyayya mai suna Kuschelrock a Jamus, wanda ya ci gaba da fitowa shekaru da dama, masu sha'awa suna bin sa lamba bayan lamba.

Tsarin MP3, wanda cibiyar Fraunhofer ta Jamus ta jagoranci samarwa, ya bazu ta intanet a ƙarshen shekarun 1990. Yana rage nauyin waƙa zuwa kusan kashi ɗaya cikin goma ta hanyar zubar da sassan da ake ganin kunne ba ya kamawa, kuma abin da aka zubar ba ya dawowa. Shi kuwa FLAC, wanda Josh Coalson ya saki cikakken bugunsa na farko a 2001, yana matse waƙa zuwa rabi ko fiye kaɗan ba tare da asarar komai ba. Apple ya biyo baya da nasa tsarin a 2004.

Daga nan masu tarawa suka koma kwafar tsofaffin CD da manhajoji irin su Exact Audio Copy, suna adana hoton bango da jerin waƙoƙi tare da fayil. Ko da dandalin sauraro na Tidal ya fara watsa sauti marar asara a 2014, Apple Music kuma a 2021, al'adar ba ta mutu ba. Kundi guda kan haɗa waƙoƙin kamfanoni da yawa bisa izini na ƙayyadadden lokaci, shi ya sa tsofaffi da dama ba sa samuwa a dandalin sauraro da ainihin jerinsu.