Gidan Wasan Kwaikwayo na Stephen Joseph Ya Cika Shekara 70

A 2025 ne gidan wasan kwaikwayo na Stephen Joseph da ke Scarborough, wani garin bakin teku a arewa maso gabashin Ingila, ya cika shekara 70 da kafuwa. Wanda ya ga gininsa a yau da wuya ya yarda cewa a ɗakin aro aka faro shi.

Shi Stephen Joseph ɗan gado ne, don mahaifiyarsa Hermione Gingold shahararriyar 'yar wasa ce, mahaifinsa kuma mai kamfanin buga littattafai. A Amurka ya ga ana wasa a tsakiyar ɗaki, 'yan kallo sun kewaye 'yan wasa ta ko'ina, kamar yadda ake yi wa 'yan dambe da'ira. Babu labule, babu inda ɗan wasa zai juya ya ɓuya. Abin ya shiga ransa. Da ya dawo gida bai samu wuri a Landan ba, sai a 1955 aka ba shi ɗaki a saman ɗakin karatu na Scarborough, ya jera kujeru ya fara.

Babban abin da ya bari dai mutum ne. A 1957 wani saurayi ɗan shekara 18, Alan Ayckbourn, ya zo aikin bayan fage da ɗan fitowa a wasa. Da ya yi ƙorafin ba a ba shi rawar kirki ba, maigidan ya ce to ya rubuta nasa mana. Ya kuwa rubuta, aka nuna wasansa na farko a 1959 da sunan aro, Roland Allen. Joseph ya rasu a 1967 yana da shekara 46, 'yan sa-kai irin su Ken Boden suka riƙe gidan, har Ayckbourn ya karɓi ragama a 1972.

Nan gidan ya shiga ganiyarsa. Shekara 37 Ayckbourn yana shugabanci, kusan kowace shekara da sabon wasa, kuma galibi sai mutanen Scarborough da baƙin hutunsu sun fara gani kafin Landan ta gani. Mutumin da manyan gidajen Landan ke zawarcinsa ya zaɓi zaman ƙaramin gari, abin da ba kowa zai iya ba. Bai kuma mamaye fagen shi kaɗai ba. A nan aka fara nuna The Woman in Black a 1987 da ɗan kuɗi ƙalilan, wasan da daga baya ya yi sama da shekara 30 ana nuna shi a Landan.

An koma wata tsohuwar makaranta a 1976, sannan tsohuwar silimar Odeon a 1996, inda babban zauren ke ɗaukar mutum 404. An ɗan sha ƙarancin kuɗi bayan ƙaurar, har aka yi cacar baki kan tallafin ƙaramar hukuma, amma wane sabon gida ne ba ya cin kuɗi? Ayckbourn ya sauka a 2009 bayan shanyewar ɓarin jiki da ya yi a 2006, bai kuwa daina kawo sababbin wasanninsa nan ba.

Masu rabon tallafi a Ingila su tuna cewa marubucin da Landan ke taƙama da shi a Scarborough aka rene shi. Gidan da ya yi wannan ya cancanci a ci gaba da riƙe shi.