Saliyo da Laberiya: Harsunansu da Zumuncinsu

A gaɓar teku, can yamma da Gana, akwai ƙasashe biyu maƙwabta, Saliyo da Laberiya, waɗanda Kogin Mano ya raba. Ƙasashen da ke kewaye da su, watau Gini da Kodebuwa, Faransanci su ke yi, amma su biyun nan Ingilishi ne harshen mulkinsu da na makarantunsu. Saboda haka wanda ya hango su daga nesa sai ya zaci Ingilishin ne ya haɗa su zumunci. Alhali kuwa zumuncinsu ya girmi zuwan Turawa nesa ba kusa ba, Ingilishin ma kowace da ƙofar da ya shigo mata.

Na Saliyo daga Ingila ya zo. A cikin shekarar 1787 aka kwaso baƙaƙen fata matalauta wajen 400 daga Landan, aka sauke su a ƙasar Timinawa, amma zaman bai yi albarka ba. A 1792 waɗansu kusan 1,200 suka iso daga Kanada, 'yantattun bayi ne waɗanda suka taimaki Ingila a yaƙinta da Amurka, su ne suka kafa birnin Firitaun. A 1800 kuma aka ƙaro waɗansu daga tsibirin Jamaika. Da Ingila ta hana cinikin bayi a 1807, sai jiragen yaƙinta suka riƙa tare jiragen bayi a teku, suna sauke mutanen a Firitaun. Dubbai da dubbai aka sauke, Yarabawa da Ibo da mutanen Kwango, har da Hausawa da Barebari da Nufawa.

To, mutanen da ba su jin maganar juna, ga su an zuba su gari ɗaya, tilas su nemi abin da za su yi ciniki da aure da shi. Daga nan harshen Kiriyo ya kafu. Yawancin kalmominsa na Ingilishi ne, amma ginin maganar na Afirka ne, da kalmomin Yarabanci birjik, kamar gaisuwarsu ta kushe. Kiriyawa kansu 'yan kaɗan ne a ƙasar, duk da haka harshensu ya zama na kasuwa da na tasha daga wannan iyaka zuwa waccan.

Taruwar nan ta jawo masana. Wani malamin mishan Bajamushe, Koelle, ya bi unguwannin Firitaun yana tambayar kowa kalmomin garinsu, har ya buga littafi a 1854 mai harsuna fiye da ɗari, cikinsu da Hausar Kano da ta Katsina. Barbarci kuwa ya koye shi a bakin wani dattijo, Ali Aisami, ɗan malami daga Barno, wanda aka kama aka yi ta sayarwa har ya kai bakin teku. Abin mamaki, littattafan farko da Turawa suka rubuta a kan Hausa da Barbarci, a bakin bayi aka tsinto su, a ƙasar da ke nesa da Kano da Kukawa.

Laberiya ita daga Amurka nata ya zo. A 1822 wata ƙungiyar Amurkawa ta sauke 'yantattun bayi a inda birnin Monrobiya ya ke yanzu, aka sa wa garin sunan shugaban Amurka na lokacin, James Monroe. A 1847 suka ɗaga tutarsu, mai kama da ta Amurka amma da tauraro ɗaya, shekara 114 kafin Saliyo ta sami mulkin kai a 1961. Baƙin nan sun zo da Ingilishin kudancin Amurka, da irin gininsu da tufafinsu, suka ɗauki kansu sama da ƙabilun da suka tarar, suka riƙe mulki har 1980, sa'ad da soja suka kifar da su. Shi ya sa Ingilishin titin Monrobiya dabam, Kiriyon Firitaun dabam, mai wannan sai ya kasa kunne sosai kafin ya kama na wancan.

Amma in aka bar biranen nan aka nufi kogi, sai labari ya sake. Iyakar da aka amince da ita a 1885, aka kuma gyara a 1911 da ƙasar Kailahun ta koma hannun Ingila, ta ratsa ta tsakiyar ƙabilu huɗu ne, Mende da Bai da Gola da Kisi. Kisi ma kashi uku aka yi musu, ɗaya na Gini. Waɗanda suka shata iyakar ba su tambayi wa ke auren 'yar wa ba. Harshen Mende, wanda ya fi yawa a kudancin Saliyo, ɗan'uwan Gbandi ne da Loma da Kpelle na Laberiya. Bai na Laberiya kuwa danginsu na kusa su ne Kono, can cikin ƙasar lu'ulu'u ta Saliyo. Ko'ina a ƙetaren biyu akwai ƙungiyar asiri ta maza, Poro, da ta mata, Sande, inda a ke kai yara daji a hore su kafin a lissafa su cikin manya. Ƙarfin Poro ba na wasa ba ne, da ita Mende suka haɗa kai suka yi tawaye a 1898, da Ingila ta aza harajin sule biyar a kan kowane ɗaki.

Abin da ya fi cancanta a tsaya a kai shi ne rubutun Bai. Wajen 1833 wani mutum, Momolu Duwalu Bukele, ya ce an nuna masa rubutu a mafarki. Shi da abokansa suka tsara alamu wajen 200, kowace tana tsaye a madadin gaɓar kalma guda, watau baƙi da wasalinsa a haɗe. Mutum ya koya wa ɗan'uwansa a gindin itace, har suka riƙa aika wa juna wasiƙa, suna rubuta bashi da haihuwa da mutuwa. Da labari ya kai Firitaun, Koelle ɗin nan ya tashi takanas a 1849 ya je ya ga Bukele da idonsa. Da ya ke Bai yawancinsu Musulmi ne, akan sami dattijo mai rubutu uku, Larabci don addini, na Bai don harkar gida, Ingilishi don hukuma. Wajen 1921 Kisimi Kamara ya yaɗa irin wannan rubutu ga Mende a ƙetaren Saliyo, ana kiransa Kikakui, ko da ya ke bai yi ƙarko kamar na Bai ba.

A 1973 shugabannin ƙasashen, Siaka Stevens da William Tolbert, suka kafa Ƙungiyar Kogin Mano don sauƙaƙa ciniki, aka kuma gina gada a kan kogin. Sai dai hanyar da zumunci ke bi, ita masifa ta bi. Yaƙin da Charles Taylor ya tayar a Laberiya a ƙarshen 1989 ya ƙetaro Saliyo a watan Maris 1991, ta ƙasar Kailahun, inda mayaƙi zai iya ƙetare iyaka ba wanda zai gane baƙo ne ta bakinsa. Kasuwar Koindu, wadda Kisi na ƙasashe uku ke ci, tana cikin wuraren da aka fara ragargazawa. Masu gudun hijira kuwa, daga kowane gefe, gidajen dangi suka fara nufa. Wutar ba ta mutu ba sai 2002 a Saliyo, 2003 a Laberiya, bayan sojan Nijeriya da yawa sun bar ransu a can.

Shekara goma sha ɗaya bayan haka, a 2014, cutar Ebola ta taso daga ƙasar Kisi ta Gini, ta bi masu jinya da masu zuwa jana'izar dangi, ta shiga Foya a Laberiya, ta shiga ƙauyukan Koindu a Saliyo. Gwamnatoci suka ba da umurni aka rufe iyaka, amma hanyoyin daji da mashigan kwalekwale sun fi ƙarfin masu gadi.