Sarauniyar Ingila da Ashana Huɗu: Tarihin Ma'aunin Gigin Tsufa

A shekarar 1968 wasu likitoci uku a Newcastle ta ƙasar Ingila, Blessed da Tomlinson da Roth, suka wallafa sakamakon wani bincike. Sun yi wa tsofaffin da ke kwance a asibiti tambayoyi suna ba su maki, bayan rasuwarsu kuma suka duba ƙwaƙwalwarsu. Sai suka ga gwargwadon faɗuwar mutum a tambayoyin, gwargwadon yawan tabon cuta a ƙwaƙwalwarsa. Wannan ya tabbatar wa likitoci cewa abin da muke kira gigin tsufa ana iya auna shi da lamba tun mutum yana raye. A 1972 wani likita mai suna Hodkinson ya taƙaita tambayoyin zuwa goma. Cikinsu har da ranar haihuwa, da shekarar da aka fara Yaƙin Duniya na Farko, da sunan mai riƙe da sarautar Ingila.

Ma'aunin da ya game duniya ya fito ne daga Amurka a 1975, daga hannun Marshal Folstein da Susan Folstein da Paul McHugh. MMSE ake ce masa. Maki 30 ne, ana gama shi cikin kamar minti goma, kuma wanda ya kasa kai 24 akan zargi lafiyar tunaninsa. Sauƙinsa ne ya sa aka yi ta fassara shi zuwa harsuna.

To, mu ɗauki takardar nan mu kai ta Gude, a ƙaramar hukumar Kabo, ko ɗakin ganin likita a babban asibitin Gwarzo. Tsohuwar da aka haifa wajen 1950 ta riga ta yi aure kafin shirin ilimin firamare kyauta na 1976 ya iso ƙauyensu. Za a tambaye ta shekara da wata da kwanan wata na lissafin Nasara, alhali ita da watan Azumi da na Babbar Salla take lissafi. Maki uku ke nan. Za a ce ta karanta jumla ta aikata abin da aka rubuta, ta rubuta tata jumlar, ta kwaikwayi zanen siffofi biyu masu kusurwa biyar da suka shiga juna. Wasu ukun ke nan. Tun kafin a ce ta riƙa ɗebe bakwai daga ɗari, ta sauko 24, bakin iyaka. Wannan kuwa mace ce da za ta jero maka asalin kowane gida a unguwarsu, ta faɗi wanda ya kwashi adashi bara da wanda bai zuba ba. Takardar ba tunaninta ta auna ba, zaman aji ta auna.

A Ibadan aka fara gyara wannan kuskure da gaske. A 1992 Farfesa Benjamin Osuntokun da Hugh Hendrie na Jami'ar Indiana suka ƙaddamar da binciken kwatanta tsofaffin Yarabawa da baƙaƙen fata na birnin Indianapolis. Kwatance ba zai yiwu ba sai da mudu ɗaya, don haka suka yi amfani da CSI-D, wanda Kathleen Hall da abokan aikinta suka tsara, aka fara gwada shi a tsakanin ƙabilar Cree ta Kanada. Kashi biyu ne. Ana yi wa tsoho tambayoyin da ba su buƙatar karatu, sannan a keɓe wani ɗan gida a tambaye shi ko ya ga sauyi: yana ɓata a hanyar da ya sani, yana maimaita zance, yana manta inda ya ajiye kaya? A 1995 suka bayar da rahoton cewa kashi 2.29 cikin ɗari na masu shekara 65 zuwa sama a Ibadan ke da cutar, a Indianapolis kuwa kashi 8.24.

Abin da ya fi burge ni a aikin Ibadan ƙarami ne. Sun lura tsohon da bai taɓa riƙe fensir ba yakan ƙi zane gaba ɗaya, don haka Olusegun Baiyewu da abokan aikinsa suka musanya fensir da tsinken ashana huɗu. Mai gwaji ya jera su cikin wata siffa, tsoho ya jera irinta. An wallafa gwajin a 2005. Da irin waɗannan kayan aikin aka auna tsofaffi sama da ɗari uku a Zariya, a binciken da ya fito a 2011, aka sami ƙasa da kashi uku cikin ɗari. A gundumar Hai ta Tanzaniya kuma aka tsara ma'aunin IDEA mai tambayoyi shida, wanda ya riƙe ashanar, ya maye gurbin sarauniya da shugaban ƙauye. A Gude sunan dagaci ke nan.

Matsala mafi wuya ita ce matakin da ke gaban gigin, wato ɗan raunin tunanin da ya wuce na tsufa amma bai hana mutum harkokinsa ba. Ronald Petersen na asibitin Mayo ya fayyace sharuɗɗansa a 1999, Ziad Nasreddine kuma ya fito da ma'aunin MoCA daga Montreal, aka tabbatar da ingancinsa a 2005. Ya fi MMSE kaifi, ya kuma fi shi dogaro da boko. Akwai zanen agogo yana nuna ƙarfe sha ɗaya da minti goma, ga mutumin da hantsi da azahar ne agogonsa. Akwai hotunan zaki da karkanda da raƙumi. Raƙumin dai ba zai gagari mutumin Kabo ba. Maki ɗaya ake ƙara wa wanda karatunsa bai wuce shekara 12 ba, sai ka ce mai takardar sakandare da wanda bai taɓa shiga aji ba tafiyarsu ɗaya. Daga baya ne aka fitar da wani nau'insa don masu ƙarancin karatu.

Kuskuren awo ta fuska biyu yake cutarwa. Idan aka liƙa wa lafiyayyen dattijo gigi, a gidan gandu ana iya daina shawara da shi kan gona da aurar da jikoki. Idan kuma aka sallami mai ciwo da cewa ai tsufa ne, an rasa damar duba hawan jini, da ciwon damuwa, da ƙarancin sinadarin B12, da raunin ji, waɗanda duk suna dagula tunani kuma ana iya magance su.

Hatta hikimar tambayar ɗan gida tana da tata tangarɗa a ƙasar Hausa. Ɗan fari yana jin nauyin faɗa wa baƙo cewa mahaifinsa ya sallame sallar azahar a raka'a biyu, ko ya kira matarsa da sunan wadda ta rasu. Sau da yawa shi ne ke rako tsohon asibiti, alhali wadda ta san gaskiyar ita ce surukar da ke kai masa tuwo, ko jikar da ke kwana a ɗakin kaka, kuma su a gida aka baro su.