Wystan: Nazarin Wani Baƙon Suna a Ƙasarsa ta Haihuwa

A ranar 21 ga Fabrairu, 1907, an yi wa wani likita mai suna George Augustus Auden haihuwa a birnin York da ke arewacin Ingila. 'Ya'yansa biyu na farko sun sami sunayen da kowane gida ya sani a ƙasar, George da John. Da na ukun ya zo sai uban ya bar hanyar da kowa ke bi, ya raɗa masa Wystan, sunan da ake furtawa "Wistan". Wannan jariri shi ne ya zama W. H. Auden, ɗaya daga cikin manyan sha'iran Ingilishi na ƙarni na 20. Har yau Baturen Ingila zai iya tsufa bai haɗu da mai wannan suna ba, alhali sunan ya girmi ita kanta masarautar Ingila a matsayin ƙasa ɗaya.

Littattafan da ake wallafa wa iyaye don zaɓen sunan jariri sukan gama da Wystan cikin layi guda: asalinsa tsohon Ingilishi ne, ma'anarsa "dutsen yaƙi". Maganar ba ƙarya ba ce. Abin da wannan maƙala ke son tabbatarwa shi ne, wannan fassara ita ce mafi ƙarancin amfani cikin duk abin da za a iya faɗa game da sunan. Mutanen da suka ƙirƙire shi ba don ita suka yi ba, kuma abin da ya riƙe shi fiye da shekara dubu wani abu ne daban: gida, kabari, da mutum biyu ko uku da suka ɗauke shi.

Siffarsa ta asali Wigstan ce, a harshen ƙabilun Angul da Sakson waɗanda suka ƙetaro daga arewacin Jamus da Denmak suka zauna a Birtaniya tun daga ƙarni na 5. Harɗaɗɗen suna ne mai ɓangare biyu. "Wig" na nufin yaƙi, "stan" kuma dutse, kuma wannan ɓangare na biyu shi ne a cikin Dunstan da Wulfstan da Athelstan. A wancan harshe harafin g idan ya biyo bayan i yakan yi laushi ya koma kamar y, shi ya sa da tafiya ta yi nisa ya narke, aka wayi gari da Wistan ko Wystan. Akwai ma wata kalmar mai kama da ita a tsohon Ingilishi, "weoh" ko "wig", wadda ke nufin gunki ko wurin bauta, abin da ke nuna ko fassarar da ake tallatawa ba ta rasa kishiya ba.

A nan ne ya kamata mai nazari ya dakata. Waɗannan mutane ba su haɗa ɓangarorin suna don su ba da jimla mai ma'ana ba. Masanin tarihi Frank Stenton ya daɗe da jawo hankali ga sunaye irin su Frithuwulf, wanda in an fassara shi zai zama "kyarkecin salama", da Wigfrith, wato "yaƙi-salama". Babu uban da zai zauna ya yi wa ɗansa fatan ya zama yaƙi da salama a lokaci guda. Abin da ake yi shi ne, kowane gida yana da ɓangaren suna ko harafin farko da yake gadarwa, sai a riƙa sauya ɗaya ɓangaren. Sarki Athelwulf na Wessex ya haifi Athelbald da Athelbert da Athelred. Da jin sunan yaro an san zuriyarsa, a zamanin da babu abin da ake kira sunan dangi a Ingila.

Haka abin yake ga mai wannan suna na farko da tarihi ya riƙe. Kakansa Wiglaf ne, sarkin Mercia, babbar masarautar tsakiyar Ingila, wanda ya hau mulki a 827, Sarki Egbert na Wessex ya kore shi a 829, ya dawo kan gadonsa shekara guda bayan haka. Ɗan Wiglaf shi ne Wigmund, ɗan Wigmund kuma Wigstan. Masana tarihin Mercia na ƙarni na 9 suna rarrabe gidajen da suka yi ta kokawar sarauta da farkon sunayensu ne: gidan C, su Coenwulf da Ceolwulf; gidan B, su Beornwulf da Beorhtwulf da Burgred; sai gidan Wig. Mahaifiyar Wigstan, Elfled, 'yar Sarki Ceolwulf na Ɗaya ce. Ke nan yaron ya haɗa jinin gida biyu daga cikin ukun, kuma duk wanda ya ji gaɓar farko ta sunansa a fadar Mercia ya san cewa mai neman gadon sarauta ne ke tafe.

Wannan gado ne ya ci ransa. Labarin da sufayen Kirista suka rubuta daga baya ya ce Wigstan ya ƙi sarauta don ya duƙufa ga ibada. Bayan rasuwar mahaifinsa, Beorhtfrith ɗan Sarki Beorhtwulf ya nemi auren mahaifiyarsa, shi kuma ya hana, bisa hujjar cewa akwai kusancin dangantaka da addini bai yarda a yi aure a kansa ba. Aka gayyace shi zaman sulhu, aka sare shi a ka. Yawancin masana sun ɗora wannan a kan ranar 1 ga Yuni, 849. Mai karatu da idon tarihi zai ga siyasa tsirara a ƙarƙashin rigar addinin da aka sa wa labarin: auren wannan mata zai miƙa wa gidan B jinin gidan C, kuma yaron da ke tsaye a tsakani dole a kawar da shi. Ba na ganin wannan ya rage wa mamacin daraja. Saurayi ne da aka yaudara aka kashe a wurin da aka kira shi don zaman lafiya, kuma jama'ar ƙasar sun ji zafin abin har suka ɗauke shi waliyyi.

An binne shi a Repton, a lardin Derbyshire na yau, cikin ɗakin ƙarƙashin ƙasa inda kakansa Wiglaf yake kwance. Masu ziyara suka yi yawa har aka fasa bango aka yi matakala biyu, ta shiga da ta fita. Ɗakin na nan har gobe a ƙarƙashin cocin da ke ɗauke da sunan Waliyyi Wystan, da ginshiƙansa huɗu na dutse, kuma yana cikin gine-gine kaɗan na wancan zamani da suka rage a tsaye a Ingila. Ƙauyuka biyu, Wistow a Leicestershire da Wistanstow a Shropshire, kowanne na cewa a ƙasarsa aka zubar da jinin, kuma sunan kowanne na nufin wurin Wigstan mai tsarki. A hunturun 873 zuwa 874 rundunar maharan Viking ta yada zango a Repton, ta kori Sarki Burgred ya tafi Rum. Haƙar da Martin Biddle da Birthe Kjølbye-Biddle suka yi a wajen a shekarun 1970 da 1980 ta tono kabarin taro mai ƙasusuwan mutum aƙalla 264. Ƙasusuwan waliyyin kuwa sun tsira, daga baya Sarki Cnut, wanda ya mulki Ingila daga 1016 zuwa 1035, ya sa aka mayar da su gidan sufaye na Evesham. Can suka zauna har Sarki Henry na Takwas ya rushe gidajen sufaye, na Evesham ya faɗi a 1540.

Amma kafin nan sunan ya riga ya fita daga bakin iyaye. Bayan William na Normandi ya ci Ingila da yaƙi a 1066, ƙasa da mulki da manyan muƙaman coci suka koma hannun masu jin Faransanci. Talaka ya ga inda arziki yake, ya fara sa wa ɗansa William da Robert da Richard da Henry. Cikin ƙarni biyu ɗaruruwan tsofaffin sunaye suka ɓace. Bahaushe ba zai yi mamakin wannan ba, don ya san yadda jerin sarakunan Kano ya fara da su Bagauda da Warisi da Gijimasu, sannan ya koma su Yakubu da Muhammadu da Abdullahi, sai dai a nan addini ne ya kawo sauyin, a can kuwa takobi da neman matsayi. Edward da Edmund sun kuɓuta ne saboda Sarki Henry na Uku, mai tsananin ƙaunar Waliyyi Edward, ya sa wa 'ya'yansa waɗannan sunaye a 1239 da 1245. Wystan bai sami sarkin da zai tsaya masa ba.

Ko farfaɗowar ƙarni na 19 ta tsallake shi. A zamanin Sarauniya Biktoriya Turawan Ingila sun koma tonon asalinsu, Alfred da Edgar da Edwin da Harold da Wilfred suka dawo kasuwa. Har sunan da bai taɓa wanzuwa ba ya sami shiga: Cedric, wanda Walter Scott ya samar a littafinsa Ivanhoe na 1819 ta hanyar juya haruffan Cerdic, ya bazu fiye da sunaye na gaskiya masu yawa. Wannan kaɗai ya isa hujja cewa ma'ana ba ita ke sayar da suna ba. Cedric ba shi da wata fassara a tsohon Ingilishi, amma yana da labari da jama'a suka karanta. Wystan yana da fassara, sai dai waliyyinsa na gari guda ne.

Garin nan guda kuwa shi ya cece shi. A Repton akwai tsohuwar makaranta da aka kafa a 1557 bisa wasiyyar Sir John Port, daf da cocin waliyyin. Nan Likita Auden ya yi karatu yana yaro, kuma ya tashi da son kayan tarihi da tatsuniyoyin mutanen arewacin Turai. Sunan da ya ba ɗansa daga harabar makarantarsa ya ɗauko shi. Ɗan kuma ya shiga Jami'ar Oxford ya zauna a gaban J. R. R. Tolkien yana sauraron tsohon Ingilishi, abin da shi da kansa ya ce ya yi masa tasiri ƙwarai. A tsohuwar waƙar Beowulf da Tolkien ke koyarwa, jarumin da bai gudu ya bar ubangidansa ba sunansa Wiglaf, ɗan Weohstan. Auden ya rubuta doguwar waƙarsa The Age of Anxiety da tsarin waccan tsohuwar waƙa, mai dogaro da maimaita harafin farkon kalma, ta kuma ci kyautar Pulitzer a 1948. Ba na cewa suna ne ya mayar da shi sha'iri. Abin da ake iya gani shi ne uban da ya zaɓi sunan shi ne ya cika gidan da irin littattafan da suka kai yaron can. Wani abin lura kuma, Auden ya sa hannu a littattafansa da haruffa biyu ne kawai, W. H., don haka shahararsa ba ta yaɗa sunan yadda za ta iya ba. Ya rasu a birnin Vienna a 1973.

A kwatanta da ɗan'uwansa a sauti, Winston. Shi ma ba a cika jin sa ba sai a gidan su Churchill, inda ya shigo a ƙarni na 17 daga sunan dangin wata kakarsu, Sarah Winston. Yaƙin Duniya na Biyu ya fitar da shi duniya ta dalilin Firayim Minista Churchill, har mawaƙi John Lennon da aka haifa a 1940 ya same shi a matsayin suna na tsakiya, ya kuma kafu a tsibiran Karibiyan. Ba wanda ya tambayi fassararsa kafin ya raɗa shi.

To me ke jan 'yan tsirarun iyayen da ke waiwayar Wystan yanzu? Yanayin raɗin suna a Ingila ya sauya ƙwarai. Akwai ƙarnukan da John da William da Thomas kaɗai suka kwashe kusan rabin mazan ƙasar. Yau babu sunan da ke kusa da haka, kuma alƙaluman hukumar ƙididdiga sun nuna Muhammad ne ya zo na ɗaya cikin sunayen jarirai maza a Ingila da Wales a 2023. Iyaye da yawa suna gudun ɗansu ya tarar da takwara uku a aji ɗaya, suna kuma gudun ƙirƙirarren suna marar tushe. Sunayen kakanni irin su Arthur da Albert da Alfie sun dawo har sun cika gari. Wystan na biyan buƙatun biyu: gaɓa biyu ne masu sauƙin faɗi, kunne ya saba da amonsa saboda Tristan da Winston da Austin, tushensa kuma ba ya buƙatar a ƙirƙira masa. Yana da nasa nauyin. Harafin y na sa wasu su karanta shi "Waistan", mai shi zai yi ta gyara wa mutane har tsufa, kuma a ƙasar da suna ke tona matsayin gida, wannan yana nuna gidan 'yan boko masu littattafai.

Za a iya cewa na tsananta wa masu neman ma'ana, tunda uba na da haƙƙin ya so ɗansa ya zama mai ƙarfi kamar dutse, kuma ba laifi ba ne ya nemi sunan da ke faɗin haka. Na yarda da haƙƙin. Inda ban yarda ba shi ne a jingina wa mutanen Mercia niyyar da ba tasu ba, a kuma sayar wa iyaye kalmomi biyu a ɓoye musu mutum. Wigstan na tarihi bai ci yaƙi ko ɗaya ba. An tuna da shi ne don ya ƙi abin da yake ganin haramun ne, ya je zaman sulhu, aka kashe shi. Uban da ya zaɓi sunan don jarumtar fagen fama ya zaɓi akasin abin da ya sa sunan ya rayu.

Saboda haka duk marubucin da zai shigar da Wystan cikin ƙamus na sunaye, wajibi ne ya ambaci gidan Wig na Mercia, da Repton, da shekarar 849, da Auden, kafin ya kai ga "dutsen yaƙi". Ƙamus ɗin da ya tsaya kan fassarar kaɗai bai sauke nauyin da ke kansa ba.