Tsarin tsaye da tsarin kwance

Tsarin tsaye da tsarin kwance kalmomi ne da masana tattalin arziki da na kimiyyar siyasa ke amfani da su wajen bayyana yadda ake haɗa iko ko raba shi. Tsarin tsaye ya shafi matakan da ke bin juna daga sama zuwa ƙasa, kamar daga gona zuwa masana'anta zuwa shago, ko daga gwamnatin tarayya zuwa jiha zuwa ƙaramar hukuma. Tsarin kwance kuwa ya shafi sassan da ke kan mataki ɗaya, kamar bankuna biyu masu gogayya da juna, ko majalisa da kotu. A kasuwanci galibi batun haɗewa ake yi, a mulki kuma batun rabawa, sai dai a duka biyun doka na sa ido ne don kada iko ya taru a hannu ɗaya.

A kasuwanci

Haɗewar tsaye ita ce kamfani ya mallaki matakai da dama na hanyar da kayansa ke bi kafin su isa ga mai saye. Yana iya komawa baya ya mallaki tushen ɗanyen kaya, ko ya matsa gaba ya mallaki sufuri da shaguna. A ƙarshen ƙarni na 19, kamfanin ƙarfe na Andrew Carnegie a Amurka ya mallaki wuraren haƙar tama da gawayi, da jiragen ruwa da layin dogon da ke ɗauko su. A Najeriya, kamfanin sukari na Dangote, wanda ke shigo da ɗanyen sukari yana tacewa a Legas, yana kuma noman rake a Numan ta jihar Adamawa.

Amfanin wannan tsari shi ne rage kuɗin da ke tafiya ga dillalai da samun tabbacin ɗanyen kaya. Amma yana cin jari mai yawa, kuma yana iya toshe wa ƙananan kamfanoni hanya. Saboda haka ne a 1948 Kotun Ƙolin Amurka ta yanke hukunci a shari'ar Paramount, wanda ya tilasta wa manyan kamfanonin shirya fina-finai rabuwa da gidajen sinimarsu.

Haɗewar kwance ita ce kamfani ya sayi abokin gogayyarsa ko su haɗe. John D. Rockefeller ya kafa Standard Oil a 1870, kuma cikin kusan shekara goma kamfanin ya riƙe kimanin kashi 90 cikin ɗari na tace man fetur a Amurka. An kafa dokar Sherman ta hana babakere a 1890, sannan a 1911 Kotun Ƙoli ta ba da umarnin a rarraba kamfanin, aka raba shi gida 34. Misalan baya-bayan nan sun haɗa da sayen Instagram da Facebook ya yi a 2012, da haɗewar bankunan Access da Diamond a 2019. Irin wannan haɗewa kan rage kuɗin gudanarwa, amma idan masu sayarwa suka yi ƙaranci, mai saye kan rasa zaɓi, farashi kuma ya hau.

A mulki

Rabon iko a kwance shi ne raba aikin gwamnati tsakanin majalisa mai yin doka, ɓangaren zartarwa da ɓangaren shari'a. Masanin falsafa ɗan Faransa, Montesquieu, ya yi fice da wannan ra'ayi a littafinsa na 1748. Kundin tsarin mulkin Najeriya na 1999 ya tanadi hakan a sassa na 4, 5 da 6. Kowane ɓangare na iya taka wa ɗan'uwansa birki: shugaban ƙasa na iya ƙin sa hannu a ƙudiri, majalisa na iya tabbatar da shi da rinjayen kashi biyu bisa uku, kotu kuma na iya soke dokar da ta saɓa wa kundin.

Rabon iko a tsaye shi ne raba shi tsakanin matakan gwamnati, kamar yadda ake yi a ƙasashe masu tsarin tarayya irin su Amurka, Jamus da Indiya. A ƙasashe kamar Faransa, Ghana da Nijar kuwa, gwamnatin tsakiya ce tushen ikon yankuna. Najeriya ta rungumi tsarin tarayya a 1954, yanzu tana da jihohi 36 da ƙananan hukumomi 774. Tsaro, harkokin waje da buga kuɗi na tarayya ne ita kaɗai, yayin da take tarayya da jihohi a fannoni kamar ilimin jami'a. Idan dokokinsu suka ci karo, ta tarayya ce ke aiki. Gyaran kundin da aka yi a 2023 ya ba jihohi damar shiga harkar jirgin ƙasa da gidajen gyaran hali.

Rabon kuɗi a Najeriya

Ana amfani da kalmomin biyu wajen rabon kuɗin asusun tarayya. A rabon tsaye, tarayya na karɓar kashi 52.68, jihohi 26.72, ƙananan hukumomi 20.60, bayan an cire kashi 13 na kuɗin ma'adinai domin jihohin da aka haƙo su. Rabon kwance shi ne yadda jihohi ke raba kasonsu a tsakaninsu: kashi 40 daidai wa daida, kashi 30 bisa yawan jama'a, sauran kuma bisa faɗin ƙasa, kuɗin shiga na cikin gida da bukatun ci gaban al'umma.

An daɗe ana ƙorafin cewa gwamnoni na riƙe kuɗin ƙananan hukumomi ta hanyar asusun haɗin gwiwa. A ranar 11 ga Yuli, 2024, Kotun Ƙoli ta yanke hukuncin a riƙa biyan ƙananan hukumomi kasonsu kai tsaye, kuma ta ce gwamnoni ba su da ikon rushe zaɓaɓɓun shugabanninsu su naɗa na riƙo.