Injiniyan Sauti

injiniyan sauti (suna, namiji, mace: injiniyar sauti, jam'i: injiniyoyin sauti). Ƙwararren da ke ɗaukar murya da sauran amo a fim, ya tace su, ya daidaita su da hoto. A wurin ɗauka yaronsa ne ke riƙe makirufo a doguwar sanda bisa kan 'yan wasa. Aiki mai wuya sai an koma sutudiyo: haɗa magana, kiɗa, takun ƙafa da ƙarar ƙofa ba tare da wani ya danne wani ba. Misali: Resul Pookutty, ɗan jihar Kerala ta Indiya, wanda ya koyi sana'ar a makarantar fim ta Pune, ya ci kyautar Oscar a 2009 tare da Ian Tapp da Richard Pryke saboda fim ɗin Slumdog Millionaire.