Daga Fili Zuwa Wuri

A watan Nuwamba na shekarar 1958 mutanen wata unguwa a birnin New York suka yi wani biki na baibai. Mun saba ganin manya sun zo da almakashi suna yanke ƙyalle idan za a buɗe sabon titi. Su kuwa waɗannan ɗaure ƙyallen suka yi, suka gitta shi a bakin hanyar da motoci ke bi ta tsakiyar dandalin Washington Square, alamar an rufe ta ke nan. Shekara shida suka yi suna fafutukar ganin wannan rana.

Wanda suka yi wa taurin kai ba kanwar lasa ba ne. Robert Moses sau ɗaya ya taɓa tsayawa takarar gwamna, a 1934, ya sha ƙasa, amma ya shafe sama da shekara 40 yana juya ayyukan gine-ginen New York kamar waina a tanda. Gadoji, manyan tituna, wuraren shaƙatawa, gidajen haya na gwamnati, duk ta hannunsa suke bi. Idan ya ja layi a taswira, duk gidan da layin ya hau ya tafi. Babban titin da ya keta ta unguwannin Bronx kaɗai ya tayar da dubban iyalai. A ganinsa dandalin Washington Square wani fili ne da ya tare wa motoci hanya, don haka ya so ya ratsa shi da titi mai faɗi. Wata mata mai 'ya'ya huɗu, Shirley Hayes, ita ta fara tara maƙwabta tun 1952, saboda a nan yaranta ke wasa. Daga baya wata 'yar jarida mai suna Jane Jacobs ta shigo, kuma ita ce ta ba da labarin yadda Moses ya fusata a wajen wani zama, yana cewa ba mai adawa da aikinsa sai tarin iyaye mata. Iyayen matan nan su suka yi nasara.

Daga irin wannan rigima aka haifi tunanin da muke son mu bi tarihinsa. Turawa sun haɗa kalma biyu, ta wuri da ta ƙerawa, suka yi masa suna. Mu a nan za mu ce masa raya wuri. Harshenmu ma ya riga ya share mana hanya, domin Bahaushe ba ya haɗa fili da wuri. Fili ana auna shi da igiya, a kafa masa turaku, a sayar. Wuri kuwa sai an zauna, an saba, an yi suna da biki da zaman makoki a cikinsa. Idan mutane suka watse suka bar shi, muna da kalma ta uku, kufai. Tambayar da aka yi ta gardama a kai tun wancan lokaci ita ce: wa ke mayar da fili wuri, kuma wa ke da ikon cewa ya zama?

Jacobs ba ta da digiri a fannin tsara birane, ba ta ma da digiri ko ɗaya. Abin da take da shi taga ce a gidanta na titin Hudson da kuma haƙurin kallo. A littafin da ta fitar a 1961 kan mutuwa da rayuwar manyan biranen Amurka, ta ce unguwannin da masana ke kira ƙazamai suna rushewa, da yawansu sun fi sabbin da ake ginawa lafiya. Hujjarta mai sauƙi ce. Inda kanti da gida da makaranta da wurin aiki suka cakuɗe, titi ba ya rabuwa da mutane daga asuba har dare, kuma idon mai kanti da na tsohuwar da ke zaune a ƙofar gida sun fi ɗan sanda tsare yaro. Ta kuma ce tsofaffin gine-gine masu arhar haya su ne mafakar ƙananan sana'o'i. Masana suka yi mata ca, wasu na cewa matar gida ce ta shiga abin da ba ta sani ba. A 1968 har kama ta aka yi a wajen zaman jin ra'ayin jama'a kan wani babban titin da aka so a keta ta kudancin Manhattan. Titin dai ba a gina shi ba har yau.

Wanda ya fi ba mu sha'awa a wannan tarihi shi ne William Whyte. A 1961 New York ta yi doka cewa duk mai ginin da ya bar fili a gaban dogon benensa don jama'a, za a ƙyale shi ya ƙara hawa. Masu kuɗi suka yi ta barin filaye, aka shafe su da dutse mai sheƙi, amma yawancinsu ko kare ba ya tsayawa. Wajen 1970 Whyte ya ɗauki kyamarori ya kafa a saman gine-gine, shi da matasan da ke taya shi, suka yi shekaru suna ƙirga wa ya zauna, a ina, minti nawa. Sakamakon ya kusa zama abin dariya saboda sauƙinsa. Mutane suna zama ne inda akwai abin zama. Dakali mai faɗi da matakala sun fi bencin da aka kafe a ƙasa, kujerar da mutum zai iya ja ya gyara kuwa ta fi su duka, ko da taku ɗaya zai matsar da ita. Mai sayar da abinci yana jawo mutane, mutane kuma suna jawo wasu mutane. Masu hira ba sa raɓewa gefe, a tsakiyar hanya suke tsayawa. Duk mai shayin da ya taɓa neman inda zai kafa teburinsa ya san wannan ba tare da kyamara ba, amma sai da aka nuna wa hukuma a fim ta yarda. A 1975 aka gyara dokar, aka wajabta wurin zama da itatuwa. A wannan shekarar ce Fred Kent, ɗaya daga cikin masu taya Whyte, ya kafa ƙungiyar da ta fi kowace yayata kalmar raya wuri a duniya.

Da kalmar ta fita daga hannun masu tsara birane, kowane fanni sai ya ja ta ɓangarensa. Yi-Fu Tuan, masanin labarin ƙasa haifaffen ƙasar Sin da ya koyar a Amurka, ya nuna a 1977 cewa abin a zuciya yake faruwa: fili yana zama wuri ne idan mutum ya dakata a cikinsa har ya ba shi daraja, ko kusurwar ɗaki ce ko ƙasa guda. Bafaranshen nan Henri Lefebvre bai yarda a tsaya a zuciya ba. A wajensa kowane tsarin mulki da na dukiya yana ƙera irin filin da zai yi masa aiki, don haka duk wanda ya ga taswira ya tambayi wa ya biya kuɗin zana ta. Masu nazarin al'adu kuma suka kama suna da labari. Keith Basso ya zauna da ƙabilar Apache a jihar Arizona, ya tarar kowane kwari da tudu yana da suna, kowane suna yana ɗauke da labarin wani abu da ya faru, har dattijo yakan yi wa yaro faɗa ta hanyar ambaton sunan wuri kawai. Ga waɗannan mutane, wanda ya raba su da ƙasarsu ya ƙone musu littafi ne.

Sai dillalan gidaje suka ji kalmar tana da daɗi a baki. Yau kamfani zai sayi tsohuwar unguwa, ya tayar da masu ita, ya dasa furanni, ya jera kujerun shan kofi, ya rubuta a allon talla cewa raya wuri yake yi. Kalmar da aka ƙirƙira don yaƙar Moses ta koma hannun jikokinsa a sana'a. Unguwar Jacobs kanta ba ta tsira ba: an hana bulodoza shiga, kuɗi ya shiga, yanzu tana cikin mafi tsada a New York, irin masu ƙananan kantunan da ta yaba ba za su iya biyan hayarta ba.

Duk waɗannan ma'anoni muna iya ganin su a tare a wuri guda kusa da gida. A shekarar 1975 ɗin nan da New York ke gyara dokarta, Janar Murtala Muhammad ya naɗa kwamiti ƙarƙashin Mai Shari'a Akinola Aguda ya duba ko Legas za ta ci gaba da zama babban birnin Nijeriya. Ranar 3 ga Fabrairu 1976 aka kafa doka mai lamba 6, aka yanki ƙasa mai faɗin murabba'in kilomita kusan 8,000 daga jihohin Neja da Filato da Kwara. Kwana goma bayan haka aka kashe Murtala. Wani gungun kamfanonin Amurka ya miƙa babbar taswirar birnin a 1979, Kenzo Tange na Japan ya zana tsakiyarsa, gwamnati kuma ta tare ranar 12 ga Disamba 1991.

Dalilin yana da ƙarfi, bai kamata mu raina shi ba. Ƙasar da ta fito daga yaƙin basasa tana neman birnin da ba wata babbar ƙabila da za ta ce nata ne. Sai dai an yi ta magana kamar dajin Allah aka samu, alhali Gbagyi da Gade da Gwandara da Koro da Bassa da Ganagana suna zaune a ciki da gonakinsu da kaburburan kakanninsu. Da farko an ce za a kwashe kowa a sake masa matsuguni a wajen yankin. Da aka lissafa kuɗin diyya sai aka janye, aka ce sai wanda aiki ya taka kawai. Rabin alkawarin nan shi ake ta shari'a da zanga-zanga a kansa har gobe.

Ko sunan birnin aro ne. Abuja ta asali gari ne na Hausawan Zazzau da jihadi ya koro daga Zariya. Abu Ja, ƙanin Sarki Muhammadu Makau, ya kafa shi a 1828. A garin ne Bature Michael Cardew ya buɗe wurin koyar da ginin tukwane a farkon shekarun 1950, inda Ladi Kwali, wadda hotonta ke bayan takardar naira 20, ta yi suna. Da aka ba sabon birni sunan, sai tsohon gari ya koma Suleja, daga sunan sarkinsa na lokacin, Sulaimanu Barau. Garin yana nan, ganuwar tarihinsa tana nan, amma wanda ya ce Abuja yau ba shi yake nufi ba.

Taswirar ta raba komai daki-daki, nan ofisoshi, nan gidaje, can kasuwa, da manyan tituna a tsakani, wato ainihin abin da Jacobs ta yi kashedi a kai shekara 18 kafin nan. Titunan Maitama aka sa musu sunayen koguna irin su Amazon da Mississippi da Nilu, unguwannin Garki da Wuse aka ba su lambobi. Mutane kuwa suka yi nasu raɗin sunan. Mahaɗar da kowa ke kira Berger daga kamfanin gine-ginen da ya yi sansani a wajen ta samo suna. Zone 4 lamba ce a takarda, amma a bakin jama'a tana nufin 'yan canji. Ƙarƙashin gadoji da gindin itatuwa suka zama tasha da masallaci da majalisa, mai shayi da mai tsire suka cike giɓin da masu zane suka bari. Hukuma takan zo ta kore su, kamar yadda aka yi a manyan rushe-rushen 2003 zuwa 2007 da hana acaɓa a tsakiyar birni a 2006, su kuma su dawo ta wata kusurwa.

Mu dai a ganinmu birnin da ya fi rai yana wajen taswira. Leburorin da suka gina Abuja, da direbobi da masinjoji da ƙananan ma'aikatan da ke tafiyar da ita, ba su da wurin kwana a cikinta. Suna Nyanya da Karu da Kubwa da Lugbe, wasu sun tsallaka Mararaba da Masaka a jihar Nasarawa, wasu Madalla da Suleja a jihar Neja. A can ake kiran mutum da sunan ɗansa na fari, a can ake bashi a kanti. Ba ma cewa cunkoso da rashin magudanar ruwa abin yabo ne, wanda ya taɓa maƙalewa a hanyar Nyanya da sassafe ba zai yaba ba. Amma abin lura ne cewa inda aka kashe kuɗi ba a samu unguwa ba, inda aka samu unguwa kuma ba a kashe kuɗi ba.

Garki da Wuse da Maitama da Asokoro duk sunayen ƙauyuka ne da ke nan kafin zuwan bulodoza. Tsohon ƙauyen Garki ya tsira, yana nan a tsakiyar birni da sarkinsa, benaye sun kewaye shi. Mutanen Wuse kuwa kwashe su aka yi aka kai su jihar Neja, a kan hanyar Kaduna. Sun bar gonaki da kaburbura a inda yanzu kasuwa da bankuna suke, suka tafi da sunan, suka ƙara masa kalma ɗaya. Motar da ta tashi daga Abuja ta bi babbar hanyar Kaduna ko Kano takan wuce ta gaban Sabon Wuse.